Satar Littafin Dalilai

Mutum uku ne a gidan, kuma ba su rasa ci ba, ba su rasa lafiya ba. Akwai uban, direban ƙaramar bas, wanda 'yan tasha ke kira Sannu-Sannu saboda ba a taɓa ganin ya yi gudu ba. Akwai uwar, mai ɗinki a cikin gida. Sai Auta, 'yar aji shida, wadda ita ke karanta wa babanta duk takardar da ta shigo gidan. Abin da suka rasa layi ɗaya ne na rubutu.

Shekara goma sha huɗu Sannu-Sannu yana bin hanyar babban asibiti. Rannan sai ga takarda daga Hukumar Sufuri, an canza masa izini, an mayar da shi hanyar wurin fasa dutse, inda fasinja sai an yi sa'a, ramuka kuwa ba sai an nema ba. A ƙasan takardar an buga kalmar "Dalili", gabanta fili fetal.

Doka ba ta bar wannan a duhu ba. Duk direban da aka canza wa hanya sai an rubuta masa dalili a takardarsa, a kuma rubuta a wani babban littafi na ofis da ake kira Littafin Dalilai, domin in bai yarda ba ya san abin da zai musanta.

Sau tara Sannu-Sannu yana zuwa ofishin, sau tara ana barinsa a benci har a tashi. Daga nan Auta ta yagi takarda a littafinta na makaranta ta rubuta wa kwamitin sauraron koke, ta kuma kai wa ofishin kwafe. Kwamiti ya sa ranar Laraba, ya ce a zo da littafin.

Ranar Litinin da hantsi Daraktan Izini ya buga wa 'yan sanda waya, ya ce an sace Littafin Dalilai, kuma ya san ɓarawon.

Kafin Sufeton 'yan sanda ya iso, an riga an kama Sannu-Sannu a kan bencin nan nasa an kai shi bayan kanta. In laifin ya tabbata, ba hanyar asibiti kaɗai zai rasa ba, har izinin gaba ɗaya, ga kurkuku a kai.

Sufeto dattijo ne mai ƙarancin magana, da Kofur ɗinsa wanda ke yin maganar mutum biyu. A bakin ƙofar Hukumar Sufuri suka wuce wata baƙar mota, direbanta yana goge gilashi da hannun hagu, ya naɗe babban yatsansa na dama da bandeji.

Darakta bai miƙe ba, bai kuma ce su zauna ba. Ya nuna wani kabad na ƙarfe da tsinin biro.

"Nan yake zama. Kullum a kulle."

"Ban ga an ɓalle makullin ba, Yallaɓai," in ji Sufeto.

"Ranar Juma'a na manta ban kulle ba. Mai aiki da yawa yakan manta."

"Wane launi ne bangon littafin?"

"Baƙi."

"Me ya sa ka ce direban bas ɗin nan ne?"

"Wa zai amfana in ba shi ba? Laifuffukansa ne fal a ciki. Birki babu, tuƙin ganganci, fasinjoji suna ta kuka da shi. Ya san in kwamiti ya gani ya gama yawo."

Kofur ya yi tari. "Tuƙin ganganci, Yallaɓai? Sannu-Sannu? Ai ko mai keke yana wuce shi ya waiwayo ya gaishe shi."

Darakta bai dube shi ba. Sufeto ya ci gaba.

"Tun da dalilan suna da yawa haka, me ya hana a rubuta masa ko ɗaya a takardarsa?"

"Sufeto, direba ne fa. Ka taɓa ganin an tsaya yi wa jaki bayanin inda za a kai kaya? In na ce zan bi kowane ɗan tasha da bayani, yaushe zan yi aikin gwamnati?"

"Ashe bayanin ba ya cikin aikin," in ji Sufeto, ya rubuta wani abu a ɗan littafinsa.

Ofishin Sakatariya yana gaban na Darakta. Ƙaton tebur ne na katako, an ɗora masa kwamfuta da firinta da tulin fayil, ga kofin shayi a gefe. Ita kuma tana duba farcenta kamar a can aikin yake.

"Ke ke rubutu a littafin?"

"Ni ce. Yallaɓai ya faɗa, in rubuta. Duk sati."

"Wane launi ne bangonsa?"

"Kore."

"Kore," in ji Kofur. "Ranka ya daɗe, littafin nan hawainiya ne."

"Yi mana shiru, Kofur. Malama, faɗa mini dalili guda da kika taɓa rubutawa a ciki. Kowanne ne."

Ta koma duba farcenta. "Sirrin ofis ne."

Sufeto ya dafa gefen teburin zai zauna. Tebur ya karkata, shayi ya malalo kan fayil. Sakatariya ta zabura tana tsaki.

"Tun safe yake yi mini haka!"

"Tun safe? Da ba ya yi?"

Ta shiga goge shayin da ke kan fayil.

Sufeto ya durƙusa, gwiwoyinsa suna ƙara. Ƙafar teburin ta baya gajera ce, an cusa mata wasu takardu da aka ninke. Ya sa Kofur ya ɗaga gefen da ƙyar, ya zaro su ya warware. Takardun koke ne na direbobi, guda bakwai, ba ko ɗaya da aka buga wa hatimin karɓa. Ta saman an rubuta ta a takardar makaranta, da rubutun yarinya mai kula da layi.

Amma ba takardun ne suka tsayar da shi ba. A kan simintin, kewaye da ƙafar teburin, akwai wani fili mai kusurwa huɗu, fes, wanda ya fi sauran ɗakin haske. Girmansa ya ninka na takardun sau uku.

"Wa ke share ɗakin nan?"

A bayan gini suka sami mai sharar, wata tsohuwa da kowa ke kira Inna, tana wanke tsumma a bokiti.

"Inna, sannu da aiki. Me ke ƙarƙashin ƙafar teburin Sakatariya kafin yau?"

"Littafi ne, ɗana. Ƙato, mai kauri."

"Wane launi?"

"Da dai ja ne. Yanzu kam launin ƙasa, ruwan goge-goge ya gama da shi. Shekara biyu ina zagaye shi da tsumma."

"Wa ya sa shi nan?"

"Yallaɓai da bakinsa ya ce a sa, ran da aka kawo sabuwar na'urar buga takarda tana girgiza teburin. Masinja ya ce wannan fa littafin dalilai ne, sai ya ce to ga dalili nan ya samu."

"Ana ciro shi a yi rubutu?"

Inna ta yi dariya har ta ajiye tsumman. "A ciro? Teburin nan sai ƙarti biyu. Ran Juma'a da yamma na goge kewaye da shi, yau da safe na ga wayam. Da aka ce an yi sata na ce ikon Allah, ɓarawo ya bar na'ura ya ɗauki matashin tebur."

"Ba wanda ya tambaye ki?"

"Wa ke tambayar mai shara, ɗana?"

A ofishin 'yan sanda, Auta na zaune a bakin baranda da kayan makaranta, ta rungume wata leda. Ta ƙi tafiya gida. Sufeto ya sa aka fito da babanta, ya zaunar da su tare.

"Malam, ka ɗauki littafin?"

"Ranka ya daɗe, ko ƙofar ciki ban taɓa tsallakawa ba. Ni da benci ne. In na ɗauka ma, Auta ce za ta karanta mini, ita kuwa ba za ta yarda ba."

Yarinyar ta zaro takardar hukuma daga leda ta miƙa da hannu biyu. "Baba Sufeto, duba nan. Malaminmu ya ce in aka bar layi babu amsa, sifiri ake ba mutum. Na tambayi matar ofishin, ta ce in tafi in yi wasa."

Sufeto ya duba layin, ya mayar mata. "Malam, ka taɓa samun saɓani da Darakta?"

"Ina ni ina shi? Ko fuskarsa ban sani ba sai yau." Ya ɗan yi tunani. "Motarsa dai na sani. Baƙar nan."

"A ina?"

"A ƙaramar gada, kafin asibiti. Mota ɗaya take ci. Na ɗauko wani tsoho da ya karye a ƙugu, 'ya'yansa suna riƙe da shi, ko tsakuwa na taka sai ya yi ihu. Baƙar motar nan ta biyo ni tana ta hon, tun farkon gada har ƙarshe. Ba inda zan kauce sai ruwa. Da muka haye na ba su hanya, na ɗaga hannu na ba da haƙuri."

"Yaushe ke nan?"

"Kwana uku kafin takardar," in ji Auta. "Ran da Baba ya dawo ya ce kunnensa na ƙara."

Sufeto ya ɗauki hularsa. "Kofur, mu koma. Akwai mai ciwon yatsa da ban yi wa sannu ba."

Direban Darakta na zaune a inuwa kusa da baƙar motar. Da ya hango su sai ya sa hannun dama a aljihu.

"Sannu da jiki. Me ya sami yatsan?"

"Ƙofar mota ce, Ranka ya daɗe."

"Ranar Asabar kana ina?"

"Ina gida. Ba ma aiki ran Asabar."

"To. Mai gadi zai gaya mana ko baƙar mota ta shigo, ba sauri nake ba. Amma bari in gaya maka abin da nake gani. Teburin can sai mutum biyu. Maigidanka kuwa, yadda na gan shi, ko kofin shayinsa ba ya ɗagawa da kansa. Wani ya ɗaga shi shi kaɗai, ya zaro littafi da ɗaya hannun, tebur ya sauko masa a yatsa."

Direban ya dubi ƙasa.

"Abokina," in ji Kofur, "yau direba ɗaya ne a bayan kanta. In aka sake shi, ka san direban da za a nema ya cike gurbin? Maigidanka ba zai sha wahalar nema ba, kana bakin ƙofarsa."

Mutumin ya fitar da hannunsa daga aljihu. Ya zagaya ya buɗe bayan mota, ya ɗaga shimfiɗar, ya ciro tayar ko-ta-kwana. A ƙarƙashinta littafin yake, bangonsa ya koɗe, gefensa ya kumbura da ruwa, tsakiyarsa ta lotsa daidai faɗin ƙafar tebur.

"Ya ce in ƙona," in ji shi. "Na kai shi har bayan gidanmu da ashana, na kasa. Ni ma direba ne, Ranka ya daɗe. Ni ke riƙe da sitiyari a gadar nan, shi ke miƙo hannu daga baya yana danna hon."

Sai ya buɗe ɗan akwatin gaban mota ya ciro wani ƙaramin littafi mai bangon roba.

"Wannan ma ku gani. In wani ya ɓata masa rai a hanya, sai ya ce in karanto lamba, shi ya rubuta."

Sufeto ya buɗe. Lambobin mota ne a jere, kowace da 'yar magana a gabanta. Kofur ya leƙa ta kafaɗarsa.

Darakta yana waya lokacin da suka shiga. Sufeto ya jira ya gama, sannan ya ajiye babban littafin a gabansa, ƙura ta tashi.

"An samu, Yallaɓai. Ba baƙi ba ne, ba kore ba ne."

Darakta ya dubi littafin. "Madalla. A gidan ɓarawon?"

"A motarka."

"To direbana ne. Dama ban yarda da shi ba, duk jirgi ɗaya ya kwaso su."

"Kofur ya faɗa masa za ka ce haka." Sufeto ya buɗe littafin a hankali, kamar mai nuna wa ɗalibi darasi. "Shafi ɗari biyu ne. Uku kawai aka rubuta. Wannan rubutunka ne?"

"Ina rubutu a ciki lokaci-lokaci."

"Kwanan watan da ka sa na watanni takwas ne daban-daban, amma biro ɗaya ne. Wannan ba laifi ba ne, wani biron yana da tsawon rai. Sai dai duba nan. Layinka yana zuwa tsakiya sai ya kauce wa lotsawar, ya zagaye ta. Nan kuma takardar ta ruɓe da ruwa, biro ya huda ta. Ka rubuta ne bayan tebur ya gama zama a kai. A watannin da ka sa, littafin yana ƙasa, Inna tana zagaye shi da tsumma."

"Maganar mai shara za ka ɗauka a kan tawa?"

"Ita ta san launinsa."

Sufeto ya fito da ƙaramin littafin. Fuskar Darakta ta canza.

"A babban littafi ka rubuta wa Sannu-Sannu tuƙin ganganci. A nan kuwa ga lambarsa, ga abin da ka sa: ya hana ni wucewa a gada. Direba na biyu: ya fantsama mini ruwa. Na uku: ya yi dariya da na yi masa magana. Na huɗu, bai gaishe ni ba a gidan mai. Mutum bakwai ne, kuma su ne bakwai ɗin da takardunsu ke tallafe da tebur. Ashe kana rubuta dalili, Yallaɓai. Littafin ne dai ba wanda doka ta ce ba."

Ƙofa a buɗe take. Sakatariya ta daina duba farcenta.

Darakta ya cire tabarau ya ajiye. Da ya yi magana, muryar ta ragu.

"Taro nake da shi ranar, da manya. Na makara minti ashirin, aka dube ni a gaban kowa. Saboda wata akwalar bas." Ya share gumi. "Da kwamiti ya ce a kawo littafi, na zo ran Asabar in cike. Ina shafi na uku na ga ko makaho zai gane. Sabon littafi kuma ba a bayarwa sai an mayar da tsoho. Sai na ce in babu littafi, babu tambaya."

"Shi ya sa ka ba da mutumin da ke benci."

"Yana nan kullum. Shi ya fi kusa."

"Tsohon da ke cikin bas ɗin ya karye a ƙugu. Ka sani?"

"Ban tambaya ba."

"Na sani. Tashi mu tafi."

Darakta ya dafe kujerarsa. Wani abu na tsohuwar muryarsa ya dawo. "Ni za ka kama? A ofishina? Da wane dalili?"

Sufeto ya ja kujera ya zauna, abin da ba a ce ya yi ba tun safe. Ya zaro takarda, ya rubuta a tsanake, ya karanta da ƙarfi yadda har na baranda za su ji.

"Na ɗaya, ba wa 'yan sanda rahoton ƙarya. Na biyu, ƙaga wa mutum sata. Na uku, rubuta ƙarya a littafin hukuma da yunƙurin ƙona shi." Ya sa hannu, ya miƙa masa. "Riƙe taka. In ba ka yarda ba, ka san abin da za ka musanta. Minti biyu ya ɗauke ni, kuma ni ma ina da aiki."

Kofur ya fito da ankwa. "Miƙo hannu, Yallaɓai. Ba sauri, sannu-sannu za mu tafi."

Suka fito da shi ta gaban bencin. Direbobi huɗu ne zaune a kai suna jiran a kira su. Ba wanda ya yi dariya, ba kuma wanda ya gaishe shi. Inna ta janye bokitinta daga hanya don kada ya taɓa mata shi.

Kafin a tashi daga aiki aka sallami Sannu-Sannu. Ranar Laraba kwamiti ya duba littattafan biyu, ya mayar wa mutum bakwai ɗin hanyoyinsu, kowa da takardarsa, layin ƙasa a cike. Auta ta karanta wa babanta tasa sau biyu a bakin ƙofa, tana bin kalmomin da yatsa.

A hanyar gida ta zauna gaba. Da suka hau ƙaramar gada wata mota ta biyo su, babanta bai ƙara gudu ba.

"Baba, da ya rubuta cewa don ka hana shi wucewa ne, da me zai faru?"

"Da an yi masa dariya, Auta."

Ta ninke takardar ta mayar cikin leda. Duk watannin nan ta ɗauka dalilin wani babban abu ne da ya fi ƙarfin irinsu su sani. A ranar ta gane cewa Darakta bai bar layin fili don dalilin ya yi girma ba. Ya bar shi ne don dalilin abin kunya ne, kuma doka ta ce a rubuta ne domin mai irin wannan dalili ya kasa taɓa abincin wani.